Rigata Tana Kan Tele a Dapaong

Ba zan taɓa mantawa da wannan "amin" ɗin ba, don ban taɓa jan amin mai tsawonsa ba. Ina zaune a falon Kawuna a Dapaong ranar sunan jikansa, hannuwana a sama kamar na kowa, Liman yana ta kwararo addu'a a lasifika, ni kuwa idona yana kan tele, wato talabijin ɗin da ke bayansa. Wata mata ce ta bayyana a ciki. Ba mace ta gaske ba, irin zanen nan na Japan, ido kamar faranti, gashi shuɗi. Kayan jikinta in ka haɗa su duka ba za su kai hankici biyu ba. Tana ɗaga hannu kamar mai gaishe da malamai.

Kuma na san ta. Ni na cire ta da hannuna a Sokodé.

Bari in koma baya kaɗan. Ni tun a katriyem, aji uku na sakandare, na ajiye makaranta. Na yi zem, na ɗauki fasinja a babur har babur ɗin ya gaji da ni. Na sayar da caja a tasha. Na bi wani abokina noman doya a Aouda, na gudo kafin a haƙa. Inna tana cewa ko a kan tabarma aka ajiye ni sai an dawo an same ni a wani gefen. Abu ɗaya ne dai hannuna ya iya: waya da kayan wasan tele.

Kawu wan Inna ne, babban mahauci, ya gina shaguna kusa da kasuwar Dapaong, kuma akwai wani ƙarami da ba kowa a ciki. Inna ta daɗe tana roƙonsa ya ba ni in buɗe gyaran waya. Shi kuma amsarsa ɗaya ce, ba ya ba da makulli ga wanda bai taɓa gama komai ba.

Sai ga shi ya biyo ta Sokodé daga Lomé da wani ɗan akwati kamar sabulun wanki. Irin wanda ake jonawa da tele, a ciki an tara tsofaffin wasanni dubbai, na zamanin yayyenmu. Ya saya wa jikoki. Ya ajiye min a cinya ya ce, "Teknisiyen (haka yake kirana in yana so ya yi min dariya), ka tace min wannan. Ba na son caca, ba na son jini, ba na son mata marasa kaya. Ka kawo min ranar suna. In aikin ya yi kyau, ka kwana da makulli."

Na ce, "Kawu, wannan ai aikin shan shayi ne."

Jama'a, wa ya haɗa jerin wasannin nan? Ina so in gan shi ido da ido. Kana gangarawa, kana gangarawa, ba ya ƙarewa. Wasan ƙwallo guda ɗaya sai ka gan shi an maimaita shi da sunaye daban-daban, kamar ɗan da ya yi yawon riƙo. Rabin sunayen da rubutun Japan, ba ka san me ke ciki ba sai ka buɗe. Ka buɗe wani, ka ga 'yan duwatsu ne kawai ake jerawa, ka ce wannan ko a makarantar allo za a iya yi. Kana cinyewa sai wata ta fito ta fara cire gyale. Wato sai na ci wasa kafin in san ko na banza ne! Babban mutum da iyalinsa ya zauna ya ƙirƙiro wannan?

Inna tana wucewa tana cewa, "Wasa dai, wasa dai."

"Aiki nake, Inna."

"To me ya sa kake juya tele ɗin bango in na shigo?"

Hanyar cirewa biyu ce. Ko ka zare katin da ke cikin akwatin, ka sa a kwamfuta, ka goge wasan daga tushe. Ko kuma ka danna maɓalli a manet, wato abin riƙewa a hannu, ka ce a ɓoye shi daga jerin. Ni ba ni da kwamfuta, abokina mai ita kuma ya tafi biki Kambolé. Da na jira shi ya dawo. Amma ni da jira? Na dinga ɓoyewa, ɓoye, ɓoye, har babban yatsana ya yi kanta. Jerin ya fito fes: motoci, ƙwallo, wani ɗan kwaɗo mai tsallake titi.

Ga abin da ban sani ba. Ashe in aka bar akwatin nan ba a taɓa shi ba na ɗan lokaci, da kansa yake fara nuna guntayen wasanni, ɗaya bayan ɗaya, don kada tele ya zauna haka. Kuma ba ruwansa da jerin da ka tace, daga cikin katin yake ɗiba, duk wanda hannunsa ya kai. Ta yaya zan sani? Ni ban taɓa barin manet ya huta ba. (Halina ne ya ɓoye min, ba akwatin ba.)

Na isa Dapaong ana gobe suna, na jona komai, yara suka yi ta ihu. Kawu ya sa tabarau ya bi jerin, ya gyaɗa kai, har na ji ƙarar makulli a aljihunsa. Da safe malamai suka fara shigowa, aka kori yara waje, suka tafi da manet ɗin duka biyu. Na tashi zan kashe tele, Kawu ya ce, "Bar shi." Sabo ne, babba, yana so surukansa da suka zo daga Mango su gani.

Aka fara addu'a. Can sai motoci suka fito suna tsere a bayan Liman. Na ce a raina, kai, abin har da ado. Sai ƙwallo. Sai ita.

Tsakanina da tele akwai dattawa sahu-sahu, kowa ya baza babbar riga. Na fara rarrafe da gwiwa ina "amin, gafara, amin, gafara", na taka farantin goro, goro ya watse har ƙarƙashin kujeru. Na kai bayan tele. Wayoyi ne cunkus a soket ɗaya dogo, duk baƙaƙe, duk iri ɗaya. Na fizge ɗaya, fanka ta tsaya. Na fizge wata.

Lasifikar Liman ta mutu.

Falo ya yi tsit. A cikin shirun nan sai ga wani ɗan kiɗa, tilin-tilin, da wata 'yar siririyar dariya, hi-hi-hi. Waɗanda suka rufe ido duk suka buɗe. Liman ya waiwaya a hankali, ya duba, ya ce "A'uzubillahi", ya juyo da sauri har rawaninsa ya karkace. Ita kuwa kamar jira take, ta kira ƙawarta, suka zama biyu.

Ban san lokacin da na tuɓe rigata ba. Sabuwar riga fara, wadda Inna ta ɗinka min don ranar. Na yafa wa tele. Na tsaya gaban surukai daga ni sai singileti mai huji a ciki. Kuma yadin ba shi da kauri, haske yana ratsa shi, ana ganinsu suna rawa ta ciki.

Wani dattijo daga baya ya ce, "To, ko ba komai an suturta su."

Wallahi har wanda ke riƙe da carbi sai da kafaɗarsa ta girgiza. Kawu ya tashi ba gaggawa, ya zo ya sa babban yatsan ƙafarsa ya danna wani jan maɓalli a jikin soket ɗin. Komai ya mutu. Maɓalli ɗaya, jama'a. Yana gaban gwiwata tun ɗazu.

Bayan an raɗa suna ya kira ni bayan gida, inda ake feɗe rago.

"Teknisiyen. Ka ce min ka cire."

"Kawu, na cire su daga jerin. Ɓoyewa na yi."

"Ɓoyewa." Ya nuna kayan cikin ragon da ke cikin roba. "Ni in na fitar da wannan, ka taɓa ganin na tura shi ƙarƙashin tebur na rufa da takarda?"

"A'a, Kawu."

Ya fito da makullin, ya kalle shi, ya mayar aljihu. Ya ce akwai wani tela daga Bombouaka da ke neman shagon, zuwa ƙarshen wata zai yanke shawara. Aka fito min da akwatin a leda, don ni ko da bulala ba zan sake shiga falon ba. Ɗan Kawu ya ara min wata rigar ƙwallo. Ina bakin ƙofa sai dattijon nan mai maganar sutura ya riƙo hannuna ya rage murya: "Yaro, a ina ake samun irin akwatin nan? Don jikoki nake tambaya."

Kafin motarmu ta kai Kara labari ya riga ni zuwa Sokodé. Inna rigar ƙwallon kawai ta kalla, kallon da ya fi zagi ciwo.

Wannan karon na jira mai kwamfuta. Muka zare katin, na goge su daga tushe, har hotunansu da guntayen bidiyonsu, don ashe kowanne da inda yake kwana. Sannan na yi abin da ya fi komai yi min wuya: na kunna akwatin, na zauna a kan hannuwana, ban taɓa komai ba. Abin da na koya ke nan, wani aikin ba ka sanin ka gama shi sai ka cire hannu ka zauna ka ga abin da zai yi ba kai. Ni kuma da na koyi zama tun farko, da ban tuɓe a gaban mutanen Mango ba.

Ga saƙon da na tura masa:

"Salamu alaikum Kawu, ina wuni, ya mai jego da jariri. Na goge su gaba ɗaya, ba ɓoyewa ba. Na bar akwatin a kunne wuni guda a gaban Inna, ba abin da ya fito sai motoci da kwaɗo, ki tambaye ta, au, ka tambaye ta. Gobe zan ba direba ya kawo. A ba Liman haƙuri, a ce masa wayar lasifikarsa ba da gangan na fizge ta ba. Maganar shago, in telan ya riga ni, ko gefen ƙofa ya ishe ni, teburina ƙarami ne kuma yanzu na iya zama. Sannan don Allah Kawu, rigata tana kan tele."