Yadda Na Mai da Bijimaina Gishiri

Ni ban yi boko ba, yaƙi da jahilci kawai na shiga, shi ma wata uku. To bayan samun 'yancin kai da kaɗan, ranar kasuwar Dutsin-Ma, na iske Malam Sani, wani malamin makaranta, yana fassara wa mutane littafin Turanci. Wai bankunan Turawa sun karye, attajirai na bin layin abinci, a wata ƙasa ma da kuɗin takarda ake hura wuta. Wai halin jari-hujja ke nan.

Ban tsaya jin ƙarshe ba, ni mai hangen nesa. Na koma ƙauyenmu Wurma na sayar da bijimaina biyu, na cika rumbu da gishiri, don gishiri ba ya karyewa. Har na ce wa yayana, "Yaya, riƙe takardun kuɗinka, za ka zo roƙo."

Ya ce, "Allah ya kai mu, Bature."

Damina ta faɗi, jinka ta yi yoyo, gishiri ya narke ya bi ƙasa. Awakin unguwa suka tare a gidana suna lasa, ni kuwa ina huɗa da hannu.

Na je na tuhumi Malam Sani. Ya ce, "Haba Malam, ai wannan tun kana saurayi aka yi shi!"

To wa ya hana shi faɗa tun farko? Mutum ya zauna yana karanta tsohon bala'i kamar sabo!

Har yau, in miya ta yi lami a Wurma, sai a ce a aika gidan mai bankin awaki.