Rasuwar Gwaggo Dang, Ƙararrawar Rabon Ruwa

Da zuciya mai cike da baƙin ciki, da ƙafafun da suka kasa zama wuri ɗaya, Torjan mai rabon ruwan ƙauyen Dara Sabz yana sanar da mutanen tudu da na gangare rasuwar Gwaggo Dang, wadda ta cika ranar Litinin da hantsi, tana rataye a bishiyar tut ta bakin magudana, a bakin aikinta.

Marigayiyar daga sama ta zo mana, shekarar da tankokin yaƙi suka hau kwarin nan. Cikin makamai masu linzami take, an aiko ta ta kashe mu, Allah ya sa ta fashe a gonar albasa, jaki guda kawai ta samu. Mahaifin Torjan ya yanke abin da ya rage na jikinta ya rataye, tun ranar ta tuba. Shekara arba'in ba ta yi ƙarya ba: dang ɗaya, na tudu su buɗe ruwa, dang dang, su toshe, na gangare su samu. Ba ta da suruki a tudu, ba ta da kawu a gangare, abin da ba za a faɗa game da Torjan ba.

Ciwon ya fara da ƙanƙarar bana, 'yar tsaga a kafaɗa. Torjan ya kai ta wurin mai walda, ya naɗe ta da bargonsa shi yana rawar ɗari, matarsa Gulalai na cewa ita ba ta taɓa ganin wannan gata ba. Muryar ta dushe ta koma tak, tak. Ranar Litinin ya buga, ta ce kaf, ta rabe biyu. Na tudu suka rantse ba su ji komai ba, suka riƙe ruwan har la'asar. Na gangare suka hau da shebur, ba don haƙa ba.

Ta rasu ta bar guduma, da igiya, da gonaki saba'in na alkama, da 'yar'uwa guda.

Wannan 'yar'uwar ce ta hana Torjan sukuni. Tana kwazazzabon bayan gari, hanci a ƙasa, ba ta taɓa fashewa ba, ko awaki kewaye ta suke yi. Zimarak ƙanin Torjan, wanda gonarsa ce ta ƙarshe a gangare, har ya aro zarto.

"Yaya, shekara arba'in tana barci," in ji shi. "A hankali zan cire mata kai. Kafin Juma'a kana da sabuwa."

Torjan ya zage shi, ya roƙe shi, ya ɓoye zarton a tanderu. Zimarak ya aro wani. Torjan kuwa, wajen neman madadin marigayiyar, ya gwada tulun gas, ya gwada bakin garma, babu mai muryar da ta wuce masallaci. Tsoro yake ji, tsoro sosai.

Za a yi jana'iza gobe bayan asuba a gindin tut. Zimarak ne zai haƙa kabarin, mai zurfi, shi kaɗai. Zaman makoki kwana arba'in ne a gidan Torjan, har alkama ta nuna. Akwai koren shayi da gurasa. Torjan ba zai samu zama ba, zai bi magudana da ƙafa yana kiran ruwa da maƙogwaronsa, don haka Zimarak ne mai karɓar gaisuwa, kuma ba ya tashi. Mai zuwa ya taho da duk ƙarfen da ke ƙara. Wanda kuwa ya leƙo ya ga wurin zaman Zimarak babu kowa, iyalin na roƙonsa kada ya tsaya neman takalmi, ya ruga kwazazzabo.