Takin gwamnati ya same ni a Glenwood

Jama'a, yau da laka a farce nake muku rubutu. Mako biyu ina haƙa ƙasa a bayan gidana, kuma ba rijiya nake nema ba.

Gidan haya ne a Glenwood, na wata tsohuwa baƙar fata. A bayansa akwai kurangar inabi, irin mai kaurin fata da mutanen nan ke kira maskadin. Marigayi mijinta ne ya dasa ta. Ranar da ta ba ni makulli ta ce: in inabin nan ya mutu, ka nemi wani gida. Tun daga nan nake lallaɓa shi kamar surukina. Takinsa ɗan kaɗan ne, a barbaɗa a kewaye, nesa da gindi, don saiwarsa a sama-sama take yawo.

Sai ga maƙwabcina Zabeirou, mai tasi, ya shigo yana haki. Wai wasu manya sun zo daga gida koyon noman Amurka. Kwanakinsu duk sun ƙare a shagunan High Point Road, gobe za su koma, ba su da hoton gona ko ɗaya.

Na ce, "Zabeirou, kuranga ɗaya ce."

Ya ce, "Malam, kai dai ka matsa. Mai hoto ya san inda zai tsaya."

Suka iso. Ranka ya daɗe Babban Mai Duba Damina ta Tagar Mota, da mai riƙe masa waya, da mai riƙe wa mai riƙe wayar jaka. Suka sauke buhun taki. Wai za a ƙaddamar da tallafi ga manomanmu na ƙetare. Ni ne manoman.

Ku fahimce ni. Na yi noman gero a gida har gemuna ya fara fari, takin gwamnati a rediyo kawai na san shi. In ma ya zo, rabinsa yashi ne, ko kuma a gama hoto a mayar da buhu mota. Shi ya sa hankalina kwance. Ko da Ranka ya daɗe ya farke buhun ya juye shi kaf a gindin inabin, cewa na yi a raina, ai yashi ba ya kisa.

Matata Kaltouma ce ta leƙo ta taga ta ce, "Malam, a shagon garin nan fa suka saye shi."

Ashe takin gaske ne, ba haɗi. Na buɗe baki, Zabeirou ya take min ƙafa, aka ce in yi murmushi. Mai riƙe jaka ya kwarara ruwa a kai, aka tafa.

Ai dole a yaba musu. An ce in kura na maganin zawo ta yi wa kanta, to su tsarinsu ɗaya ne ko'ina: a tara komai a gindi, saiwar da ke nesa ta ci haƙuri.

Muka kwashe, muka wanke ƙasa, ganye ya ƙone duk da haka. Jiya tsohuwa ta zo da sandarta. Ta daɗe tana kallon itacen mijinta, ni kuwa ina tunanin kwalayen zuba kaya. Can ta bi shinge, ta nuna wani reshe da ya tsallaka gidan Zabeirou tun bara, ya taɓa ƙasa, ya yi saiwarsa. Kore shar. Ta ce muddin wannan na da rai, in zauna.

Wato a duk kurangar, wanda ya tsira shi ne wanda ya ƙetare iyaka. Ku fassara da kanku, ni ban yi boko ba.

Zabeirou ya ce sun bugo waya, wai shirin ya yi nasara, baɗi za su dawo da buhu biyu. Don Allah in sun tambaye ku, ku ce na koma sayar da taya.