Zaren Tsoro a Dajin Gawo

Mazauna Dajin Gawo kashi biyu ne: masu ci da waɗanda ake ci. A harshen fada dai ba a faɗin haka. Na farko sunansu masu ɗawainiya, na biyu masu ba da gudummawa. Sarki Mazawaje, zakin da ya gaji sarauta kaka da kakanni, yana zama a kan falalen dutse a gindin babban gawo, inda majalisa ke taruwa kowace Laraba. 'Ya'yan gawon nan sukan zuba har su ruɓe a ƙasa, domin haramun ne mai cin ciyawa ya kai musu baki. Ba a taɓa hukunta kowa a kan wannan ba. Ba wanda ya taɓa gwadawa.

Abin da ya riƙe dajin kuwa shi ne Dokar Rabo. Duk abin da ya fito daga hannun hukuma sai an kasa shi ga dangi goma sha biyu, fada ce kuma ke fara ɗiba. Shekarar da aka raba mataji, kunkuru ya tashi da uku. Shekarar da aka raba asuwaki, zabi suka karɓi nasu suka adana. Sau biyu aka yi yaƙi a kan rabo. A kan ci ba a taɓa yi ba.

Sai Sarki ya tsufa, fadawansa suka yi teɓa, bareyi kuma ba su rage gudu ba. Aka wayi gari fada na kwana da yunwa sau uku a mako. Waziri Dila, wanda ya yi wa sarakuna uku waziranci ba tare da an taɓa ganinsa yana haki ba, ya kira wannan matsala ƙarancin haɗin kai, ya kuma ce ya samo magani.

Ranar Laraba ya miƙe ya gyara murya.

"Allah ya ja zamanin Sarki. Ya ku wakilan dangi, akwai wata cuta da ta daɗe tana cin talakawanmu. Dubi barewa: ba ta taɓa shan ruwa ta ƙoshi ba. Dubi zomo, barci ma ido buɗe yake yi. Ganye ya faɗi, zuciya ta yanke. Wannan rayuwa ce? Sarki ya kasa cin abinci saboda tausayinku. Sunan cutar nan tsoro, kuma Allah ya kawo ƙarshenta."

Daga nan ya gabatar da Dakta Ƙaguwa, wadda ta yi karatu a hayin teku ta dawo da almakashi biyu. Ta shigo fili a karkace, kamar yadda take shiga kowace magana.

"A cikin kowane ɗigon jininku," in ji ta, "akwai wani siririn zare mai tufka biyu, a can muna ce masa DNA. A jikinsa aka rubuta ku. Tsawon wuyan raƙumin dawa yana nan, zanen damisa yana nan, tsoro ma yana nan, ɗan guntu ne bai kai gashin ido ba. Allura ɗaya, in yanke shi in ɗinke bakin. Ku manya za ku ci gaba da firgita, don kun saba. Amma 'ya'yan da za ku haifa, da jikokinku, ba za su san abin ba. Sai dai ku sani, zaren nan bai bambanta tsoron zaki da tsoron rami ba, kuma abin da na yanke..."

A daidai nan aka shigo da ruwan sha, hankali ya koma can.

Waziri ya karanta jerin waɗanda za su amfana: bareyi, zomaye, da dangin gada. Bai rufe baki ba Jatau, wakilin ɓaunaye, ya miƙe, ƙasa ta ɗan girgiza.

"Ranka ya daɗe, na saurara da kyau, ban ji sunanmu ba. Ban yi mamaki ba. Da aka raba gishiri, namu ne aka jiƙa. Da aka raba inuwa, tamu ce ta yamma. Yanzu an kawo allura daga hayin teku, an ce sai 'yan lele. Ni ban san abin da ke cikinta ba, ban kuma damu in sani ba. Kasonmu muke so."

"Haba Jatau," in ji Waziri, murya ta ɗan canza, "wannan ba irin naku ba ne. Ku ai lafiyarku ƙalau."

"Kun ji ko? Yau Waziri ne ke tausayin fatata. To wallahi yanzu na tabbata abin arziki ne."

Giwaye suka mara masa baya, gyado ya bi, har bushiya ta ɗaga hannu.

A can ƙarshen fili akwai wata gada mai suna Ladingo, wadda aka turo wakilci don babu wanda ya yarda ya zo. Tana da ciki wata biyu, cikin fari, kuma tun safe abin da ke cikin yake mata motsi kamar tsuntsu a tafin hannu. Ƙafafunta huɗu na rawa ta ce:

"Allah ya ba ka nasara, ni jahila ce, a gafarce ni. Na ga duk abin alheri fada ce ke fara ɗiba. Wannan ban ji an ambaci kason fada ba."

Idanu suka koma kan falalen dutse. Sarki ya dubi Waziri, Waziri ya dubi farcensa. Idan fada ta ƙi, kowa zai ce guba ce. Doka kuma doka ce. Sarki Mazawaje ya miƙa dantse, aka fara da shi, aka yi guɗa.

Kwana goma ana layi. Maza da mata, masu ci da waɗanda ake ci, kowa ya karɓi kasonsa, wasu ma sun zagayo sau biyu. Ladingo ta bi layi har ta hango tsinin allurar yana ƙyalli. Ta tuna uwarta, wadda kunnuwanta ba su taɓa kwanciya ba, ta kuma mutu da tsufa, abin da a danginsu ake ba da labarinsa. Ta dafa cikinta. Kafin a kira sunanta ta bi ta cikin sabara ta ɓace. Fada ta sanar da cewa maƙiyiyar ci gaba ce, aka manta da ita.

A bayan Dutsen Farin Ruwa ta haihu, ruwa na zuba ba ƙaƙƙautawa, ta sa wa 'yar suna Marka. Ranar da aka haife ta wani reshe ya karye, jaririyar ta zabura ta faɗa cikin ciyawa ta lafe, zuciyarta na bugawa har ana gani ta haƙarƙari. Ladingo ta lashe mata goshi tana hawaye. Ba ta taɓa ganin abu mai kyau irin wannan firgitar ba.

A cikin daji kuwa shirin ya yi nasara. 'Ya'yan bareyin da aka haifa a daminar suna zuwa har bakin fada su yi sallama. Fadawa suka daina farauta, suka koma karɓar baƙi. Gaskiya ne wasu yaran sun tsaya kallon gobara har ta iso su, wasu sun bi bakin kwazazzabo ba su ga dalilin tsayawa ba, amma Waziri ya bayyana cewa duk sun rasu cikin kwanciyar hankali. 'Ya'yan Sarki bakwai suka tashi jarumai irin waɗanda ba a taɓa gani ba. Uku sun tari giwa gaba da gaba. Biyu sun shiga kogi su yi wa kada magana. Ɗaya ya haɗiye bushiya. Na bakwai ya taka kububuwa don ya ga abin da za ta yi, ya kuma gani.

A shekara ta biyar, rani ya yi tsanani, ciyawa ta ƙare. Wata Laraba ana cikin zama sai ga samarin ɓaunaye kusan arba'in, Baleri ɗan Jatau a gaba, suka shigo gindin gawo suka duƙufa cin 'ya'yan da suka zuba. Jatau ya taso da rawar jiki yana yi musu alama da ido. Ba su gane alamar ba.

Sarki Mazawaje ya miƙe ya yi ruri, irin wanda a dā yake sa ciki ya zube a hayin kogi. Dattawan majalisa duka suka kwanta. Baleri ya ɗago kai yana tauna.

"Sannu Baba. Tari kake yi?"

Sannan ya lura akwai 'ya'yan gawo masu kyau a kan falalen dutsen, ya sa ƙaho ya ture tsohon gefe, ba da fushi ba, ya hau. Da ya ƙoshi sai ya kwanta a wurin, don dutsen da sanyi. Waziri Dila ya dubi na ƙasa, ya dubi na sama, ya faɗi ya yi gaisuwa.

"Allah ya ja zamanin Sarki Baleri."

Sabon Sarki ya ji daɗin sarauta na kwana uku. A rana ta huɗu ya ba da umarni a share hanyar rafi, ba wanda ya share. Ya ce duk wanda ya ƙi za a tattake shi. Wani ɗan zomo ya tambaya ko da safe za a yi ko da yamma, don yana da wurin zuwa. Aka tattake shi. 'Yan uwansa suka zo kallo, suka ce abin ba laifi, suka koma kiwo. Hanyar rafi tana nan yadda take.

"Ranka ya daɗe," in ji Waziri, "na yi wa sarakuna huɗu aiki, kuma na binne 'ya'ya tara a cikin shekara biyar, don haka ka saurare ni. Dutsen nan da kake kai ba a kan ƙasa yake zaune ba. A kira Dakta."

Dakta Ƙaguwa ta zo a karkace. Ta ce ai ta faɗa tun farko, ana shan ruwa: abin da ta yanke ta yar, ba ta kuma iya ƙera shi. Sai dai a samo mai shi a ɗebo daga jininsa a dasa wa saura. Na dattawa ba zai yi ba, su sabo kawai ya rage musu, zarensu a yanke yake.

Waziri ba ya mantuwa. Ya ce akwai wata gada da ta gudu da ciki.

"Uwar ta tsufa," in ji Dakta. "'Yar za a kawo."

"Jinin nawa za ki ɗiba?" Sarki ya tambaya.

"Na daji guda? Duka."

Majalisa ta amince a naɗa Marka sarautar Magajiyar Daji, a je a taho da ita cikin girmamawa. Waziri da kansa ya ja tawaga, da alkyabba, da makaɗa, da samari ashirin waɗanda ba su taɓa koyon sanɗa ba, don ba su san amfaninta ba.

Da hantsi suka isa bayan dutse. Suka tarar da Ladingo ita kaɗai, gashin bakinta ya yi fari, ƙafafunta na rawa kamar ranar nan a majalisa. Kusa da ita akwai makwanci a cikin ciyawa, da ɗuminsa.

"Sannu da hutawa, Iya," in ji Waziri. "Ina Magajiya?"

"Ta ji ku tun kuna hayin rafi, ranka ya daɗe."

"To ai alheri muka kawo mata."

"Shi ta ji."

Waziri ya daɗe yana kallon makwancin. Wani daga cikin samarin ya tambayi tsohuwar me ya sa jikinta ke kaɗawa haka, ko sanyi take ji. Ta dube shi da tausayi, ta ce masa ya kula da ramin da ke bayansa. Ya ce ya gani.

Tun daga ranar an tura tawaga goma sha ɗaya. Sukan ga sawun Marka, wani lokaci su ga ciyawa na motsi a nesa, bara kuma aka ce an ga ƙananan sawu biyu a gefen nata. Ba a taɓa ganin ta ba.

Duk da haka majalisa ba ta zauna haka nan ba. An kafa kwamitin da zai tsara yadda za a raba tsoron idan ya samu. Waziri ya karanta jerin waɗanda za a fara dasa wa: bareyi, zomaye, da abin da ya rage na zakuna. Bai rufe baki ba tsoho Jatau ya dogara sanda ya miƙe, ya ce ya saurara da kyau, bai ji sunan ɓaunaye ba.

A wannan karon Waziri bai yi masa gardama ba.