Nomau da Watan da Ba Shi da Kuge

A Tsaunin Amo, garin da yau ko kufansa ba a gani, wata ba shi da suna sai murya. Kuge goma sha biyu ne rataye a tsamiyar bakin kasuwa, daga mai ƙatuwar murya zuwa mai siririya. In jinjirin wata ya tsaya, Sarkin Kuge ya buga na wannan watan, kowa ya san aikin da ke gabansa. In an ji kugen da ake kira Gurnani, a yaye jinka a yi sabo. In an ji Guɗa, a kai amare. In an ji Siririya, a buɗe rumbun gari a raba iri. Ba mai taɓa kuge sai ɗan gidan sarautar, kuma ba mai jefa ƙwaya a ƙasa sai kuge ya yi magana.

Mutum uku suka rage a gidan: Kawu Gagarau Sarkin Kuge, da ƙanwarsa Iya Tambai, da ɗanta Nomau, ƙato har da gemu, wanda in ka ce ya jira ka a nan, ko gobara ta tashi a nan za ka same shi. Ga shi an fito daga fari, irin da ya rage a rumbu na shuka ɗaya ne tak. Hankalin Iya Tambai bai kwanta ba ko kaɗan, don ta san ɗan da ta haifa.

Wata rana Kawu ya ce, "Nomau, hannuna ya fara rawa. Ka kula da kugen nan kamar 'ya'yanka." Shi ke nan! Nomau ya yi musu wanka, ya ɗura wa kowanne kunu, ya naɗe su da tsumma kada sanyi ya kama su. Da aka buga Guɗa, kunu ya bushe a cikinta, sai ta yi wani gurnani. Maza suka hau ɗakuna suka yaye jinka, ga amare sun sha lalle. A ɗakin da babu rufi aka ajiye su, suna kallon ungulu.

Wata rana kuma Kawu ya ce, "Wata ya kusa. Kada ka ɗauke ido daga yamma." Gidansu kuwa a gabas yake. Nomau ya kamo hanya da baya da baya, ya tattake tumatirin masu kasuwa, ya rufta ramin marina. Aka ciro shi shuɗi, yana tambaya, "Ina yamma? Ku juya ni!" Mutane suka yi ta dariya. Iya Tambai ba ta yi ba, don saura wata ɗaya a buga Siririya.

Wata rana Kawu ya faɗo daga tsamiyar, ƙafa ta karye. Ana ɗauke shi zuwa wajen maɗori can ƙetaren gulbi, ya riƙe hannun Nomau ya ce, "Kada ka buga Siririya sai ka ga jinjirin wata da idonka, siriri kamar yankan farce." A yammacin da ake jiran watan hadari ya rufe sama, aka sheƙa ruwa. Gari ya cika da ƙamshin ƙasa, jama'a suka taru da ƙorai.

"Buga mana, Nomau!"

"Ban gan shi ba."

Da sama ta washe bayan kwanaki, wata ya kai rabi. Mai unguwa ya nuna masa, "To ga shi nan, makaho ma ya gani."

"Ranka ya daɗe, wannan ai ya yi ƙiba. Kawu siriri ya ce."

Wayyo, gari ya rikice! Mutanen gangare sun yi shuka, gonakinsu sun yi kore, na Tsaunin Amo kuwa fayau. Mata suka daina gaida Iya Tambai a rijiya. Ta durƙusa wa ɗanta tana kuka, "Don Allah ka buga, kada yunwar garin nan ta zama a wuyanmu." Shi ma ya fashe da kuka, amma bai buga ba.

Sai ruwa ya ɗauke cak. Rana ta buɗe, shukar gangare ta ƙone ƙurmus, ba su da ko ƙwaya ta sakewa. Da wani jinjirin ya tsaya, siriri yadda Kawu ya ce, Nomau ya buga Siririya, damina ta sauka sosai, aka shuka irin nan guda ya tsira.

Kawu ya dawo yana dogara sanda, ya ji labari. Sannan ya ce, "Tun zamanin mahaifina kuge yake riga ruwa, muna ta ɗora wa ruwa laifi." Dattawa suka yanke cewa duk bayan 'yan shekaru za a bar wata guda ya wuce ba kuge, a kira shi Watan Shiru.

Iya Tambai ta ci tuwo har da ƙari a ranar. Nomau kuwa ya kasa kai loma, ya matso kusa da ita.

"Iya, shi Watan Shirun, da wane kuge zan buga shi?"