Zakarana Ya Tafi Bincike

Jama'a, ku taya ni jaje. Jiya na yi asarar zakara, ja, mai ƙaton tukku, kuma ba muzuru ya ɗauke shi ba, ba shaho ba.

Asiya maiɗakina ce ta sauka, sai Inno Laure, ƙanwar mahaifiyata da ke Ambursa, ta aiko in je in karɓi zakaran farfesun mai jego. Na rungumo shi a bayan ɗan kabu-kabu, muna gab da shigowa Birnin Kebbi sai ga durom da katako an gindaya a hanya. Wani bawan Allah ya ɗaga mana hannu, da farin takalmin roba, da ƙyallen rufe hanci ya saukar da shi ƙarƙashin haɓa don kada ya hana shi cin goro.

Ya ce, "Malam, mi ka ɗauko?"

Na ce, "Ranka ya daɗe, zakara na. Lahiya tai lau, da asuba ma shi yat tada mu."

Ya ce, "Ba ka ji murar tsuntsaye ta shigo ƙasa ba? Sai an yi mai bincike."

Ya sa hannu tsirara ya fizge shi, ya matsa ƙirjinsa kamar mai ciniki a kasuwa, ya gyaɗa kai. Abokin aikinsa ya zo da tankin feshi a baya, ya yi ta buga famfo a kan tayar babur ɗinmu. Iska kawai ke fita. Na ce ina maganin? Ya ce yana hanya. Da muka wuce ba zakara na waiwaya, sai na hango hayaƙi na tashi bayan wata bishiyar bedi, wani na daka yaji. Ban taɓa sanin da yaji ake binciken kimiyya ba, amma ni wa? Ilimi kogi ne.

Kada ku ce ina ƙorafi. Masu Manyan Riguna sun yi ƙoƙari, Allah ya ƙara wa kujerunsu laushi. Tun da cutar nan ta ɓulla suka kafa kwamiti, kwamitin ya haifi ƙaramin kwamiti, kowanne aka saya masa mota mai sanyi. Sun yi taron wayar da kai a babban otal, da Turanci zalla, ga shi kaji ba su jin Turanci, masu kajin ma haka. Wanda ya halarta ya rantse mini cewa da aka tashi cin abinci, soyayyun kaji aka jera, kowa ya ci ya goge baki.

Da na iso gida hannu rabbana, na tarar da maƙwabcina Ummaru, mai fataucin albasa, zaune a ƙofar gida ya yi tagumi. Kwanan baya ya dawo daga kasuwar Argungu da kwando cike da kaji, yana ta fara'a wai ya sami garaɓasa. Dalilin arahar kuwa, mutanen ƙauye sun ji labarin cewa in ka kai rahoto za a zo a kashe maka kaji a bar ka da alkawarin diyya, kuma sun san alkawarin manya ba ya yin ƙwai. Don haka duk wanda kazarsa ta fara gyangyaɗi sai ya garzaya da ita kasuwa.

Na ce, "Ummaru, lahiya?"

Ya ce, "Ina hwa lahiya. Kajin nan sun bi juna suna hwaɗuwa. Wadda duk tag gwada alama sai in yi maza in yanka kada ta zama mushe, matata Sakinatu ta hige. Yanzu ga ta can kwance, jiki zahi rau, tana tari, ko hura ta ƙi sha."

Nan dariya ta ƙare mini. Na ji a rediyo cewa cutar nan takan tsallaka ga mutum, musamman mai figa da mai yanka, kuma in ta kama ba ta wasa. Sakinatu kuwa goyo gare ta.

Muka nemi mota muka kai ta asibiti. An ce akwai ɗaki na musamman da wani Mai Girma ya yanke wa ƙyalle, aka yi tafi, aka ɗauki hoto. Ɗakin yana nan, fenti sabo fil, da ƙaton kwaɗo a ƙofa. Makullin yana aljihun wani babba da ya tafi taron ƙara wa juna sani. Motar da za ta kai jini gwaji tana layin mai tun shekaranjiya, direban har ya shimfiɗa tabarma a inuwarta. Wata nas, Allah ya saka mata, ta ɗaura leda a hannuwanta ta duba Sakinatu, ta sa mata ruwa, ta ce a raba ta da jaririn tukuna.

Ummaru ya koma gida ya haƙa rami mai zurfi a bayan gari, ya binne sauran kajin yana ƙwalla, ya wanke hannu da sabulu har ya yi fari. Yau da safe na leƙa asibitin, zazzaɓin ya sauka, Sakinatu ta zauna har tana tambayar ɗanta. Mura ce ta tsuntsaye, ko ta mutane, ko sauron fadama ne? Ba wanda ya sani, kuma ba wanda ya zo tambaya. Mun gode wa Allah, don in ka cire nas ɗin nan, Shi kaɗai muka tarar a bakin aiki.

Ku dai ku kiyaye, 'yan'uwa. Kaza in ta fara gyangyaɗi ku bar ta cikin gashinta, kada ku figa, kada ku bar yara su taɓa.

Af, har na manta. An ce agwagin daji da ke sauka fadamar Zauro daga ƙasashen Turawa su ake zargi da kawo cutar, don haka kwamiti na shirin tafiya can ƙasashen Turawan ya gano asalinta da idonsa. Daidai ne. Baƙo ya yi tattaki ya zo gaishe ka, ai rashin tarbiyya ne ka ƙi rama ziyara.