Mai Tauraro Za A Sa

"Lafiya lau, uwar tsofaffin ƙarafa. Ya tsufa?"

"Tsufa yana gidanku, bawan ubana. Cire takalmi."

Daudu ke nan, taubashina, ɗan gwaggona, wai shi injiniya. Ni ke riƙe da ɗakin kwamfutar makarantarmu a Kazaure, kuma ranar Litinin yara ɗari biyu daga Roni da Gwiwa za su rubuta jarrabawa a ciki. Akwatuna huɗun da ke raba wa kwamfutoci layi, waɗanda ake kira suwic, sun shekara goma sha ɗaya, sun fara yanke layi. Shi aka kira ya sabunta manhajar cikinsu.

"Shatu, na zo da sabuwa dal, ta makon jiya. Ko a Kano ba a sa ta ba."

"Kanawa sun ƙi, sai ni ce zakaran gwajin dafi?"

"Ke me kika sani? Da tafireta kika gama sakandare."

"Na dai iya karatu. Ga takardar masu akwatin, na buga. Manhajar da suka yi wa tauraro ita ce aka daɗe ana aiki da ita ba ta ba da kunya ba. Taka ko ɗigo ba ta samu ba."

"Mai tauraron ta shekara biyu fa!"

"Akwatunan ma ba 'yanmata ba ne. Kakarmu Inno za ka miƙa wa ƙashi ta tauna?"

"Inno ta fi ki haƙora. Buɗe kabad ɗin akwatunan."

"Makulli yana jakata, jakar kuwa na zauna a kanta. In layi ya yanke ana tsakiyar jarrabawa, ni iyayen yara za su tare a ƙofa. Kai kana Babura kana shan fura."

"Ni da na gyara na'urorin da suka fi ɗakin nan girma?"

"Rediyon gwaggo ma da ka taɓa, har yau Faransanci yake yi."

Na jawo akwati na biyar da ke ajiye, na dire masa. Na ce ya gwada a kansa, kuma sai an tada janareta, kada wuta ta ɗauke ana cikin lodi. Ya loda sabuwar manhajar. Fitilu suka yi kore, ya fara juya kafaɗa.

"Kin gani? Durƙusa ki gai da ni."

Bai rufe baki ba suka mutu. Suka kama, suka mutu. Sau huɗu. Ya leƙa allon kwamfutarsa, ya share goshi.

"Ƙwaƙwalwarsa ce ta yi kaɗan."

"Ta wa? Akwatin ko mai lodin?"

Ya fashe da dariya har ya dafa bango. Ya zaro ƙunshin kilishi daga jaka ya ajiye a gabana.

"Na uwargida ne, amma karɓi. Miƙo takardar, ranki ya daɗe. Ɗaya bayan ɗaya zan sa musu mai tauraron. Kawai kada Inno ta ji."

Na miƙa masa makulli, na ɗauki waya na fara neman lambar Inno.